Wa Ke da Alhakin Makarantar Ɗanka? Tambayoyi da Amsoshi kan Gwamnati, Ilimi da Wariya a Najeriya

Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda iyaye da ɗalibai da malaman makaranta suka fi yawan yi idan zancen ilimi ya taso, ko a taron iyayen yara, ko a shirin rediyo na kiran waya, ko a majalisar ƙofar gida. Akasarinsu amsarsu na rubuce a doka. Abin da ya yi ƙaranci shi ne sanin ƙofar da za a ƙwanƙwasa.

Wai shin wa ke da iko da harkar ilimi, tarayya ko jiha ko ƙaramar hukuma?

Dukkansu uku, kuma daga nan matsalar ta faro. Kundin tsarin mulki na 1999 ya sa ilimi cikin abubuwan da tarayya da jihohi ke iya yi wa doka tare. Tarayya ce kaɗai ke da hurumin gindaya mafi ƙarancin ingancin da kowace makaranta za ta cika, daga firamare har jami'a. Jihohi su ne masu yawancin makarantun sakandare na gwamnati, kuma su ke ba makarantun kuɗi izinin buɗewa. Ƙananan hukumomi kuwa an ce su sa hannu wajen samar da makarantun firamare da ilimin manya, kuma daga kasonsu ake cire albashin malaman firamare.

A aikace, idan rufin aji ya yaye a ƙauyenku, shugaban ƙaramar hukuma zai ce kuɗinsa na hannun gwamna, gwamna ya ce Abuja ba ta sako ba, Abuja ta ce firamare ba tata ba ce. Amsar da ta fi kusa da gaskiya ita ce: makarantar firamare da ƙaramar sakandare ta gwamnati tana ƙarƙashin hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha, wato SUBEB, da sakataren ilimi na ƙaramar hukuma. Duk wanda ya tafi zagin shugaban ƙasa a kan allon da ya fashe a firamaren unguwa, ya bar jaki yana dukan taiki. A watan Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin a riƙa ba ƙananan hukumomi kuɗinsu kai-tsaye, wanda ke nufin uzurin "gwamna ya riƙe" ya kamata ya ƙare.

An ce ilimi kyauta ne, amma kullum ana aiko yara su karɓo kuɗi. Me doka ta ce?

Dokar ilimin bai-ɗaya ta 2004 ta ce shekara tara na farko, shida na firamare da uku na ƙaramar sakandare, kyauta ne kuma dole ne a makarantun gwamnati. Dokar ta tanadi tarar da ba ta wuce naira 10,000 ba, ko ɗaurin wata uku, ga wanda ya karɓi kuɗi a kan abin da aka ce kyauta ne. Uban da ya ƙi sa ɗansa makaranta kuwa, karon farko gargaɗi ne, na biyu tarar naira 2,000 ko wata ɗaya a gidan yari, bayan haka naira 5,000 ko wata biyu. Wannan tara ta 2004 yau ko kwanon shinkafa biyu da ƙyar ta saya, kuma ba a cika jin an gurfanar da wani ba.

Kuɗin da ake karɓa yawanci ba a kiransa kuɗin makaranta. Sai a ce kuɗin ƙungiyar iyaye, kuɗin jarabawa, kuɗin tsintsiya, kuɗin alli. A yi adalci a nan: hedimastoci da yawa ba don son zuciya suke karɓa ba, sai don zango kan zo ya wuce ba a turo musu ko sisi na gudanarwa ba. Abin da iyaye suka amince da shi a taronsu, da rasit, wani abu ne daban. Amma korar yaro daga aji saboda bai kawo ba, wannan ya saɓa wa doka, ko da wane suna aka laƙaba wa kuɗin.

Zan iya kai gwamnati kotu saboda babu makaranta a garinmu?

Da can lauyoyin gwamnati kan ce ba za ka iya ba. Sashe na 18 na tsarin mulki, wanda ya yi maganar ilimi kyauta, yana babi na biyu ne, kuma sashe na 6 ya hana kotuna tilasta abin da ke wannan babin. Ga shi kuma sashen ya ce gwamnati za ta yi ne idan hali ya yi. Sai dai abubuwa biyu sun sauya lissafin. A 2010 kotun ECOWAS, a ƙarar da ƙungiyar SERAP ta shigar, ta ce ilimi haƙƙi ne da ɗan Najeriya zai iya nema a gaban shari'a. A 2017 kuma Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta ce tunda majalisa ta kafa dokar 2004, to ilimin tushe kyauta ya zama haƙƙin da za a iya tilastawa. Cin shari'a daban, ganin bulo a ƙasa daban, amma ƙofar ba a rufe take ba.

Ina jin ana cewa kuɗin ilimi na jibge a Abuja jihohi sun ƙi ɗauka. Yaya abin yake?

Gaskiya ne. Dokar 2004 ta ware wa hukumar ilimin bai-ɗaya ta tarayya, wato UBEC, aƙalla kashi 2 cikin 100 na asusun kuɗin shiga na tarayya. Wani kaso mai tsoka na wannan kuɗi ana raba wa jihohi ne da sharaɗi: jiha ta ajiye kwatankwacin abin da za a ba ta, ta kuma kawo tsarin aikin da za ta yi, sannan ta yi bayanin abin da ta karɓa a baya. Kusan duk shekara shugabannin hukumar kan fito su koka cewa biliyoyin naira na nan babu mai ɗauka.

Me zai sa gwamna ya ƙi kuɗin da aka ce zo ka ɗauka? Saboda sai ya fitar da nasa tukuna, kuma kuɗin da ya shiga wannan asusu akwai ido a kansa. Gadar sama a tsakiyar babban birni kowa na ganinta ranar zaɓe. Aji uku a ƙauyen da mota ba ta zuwa da damina ba mai ɗaukar hotonsa. Kafin ka yaba wa gwamnanka ko ka kushe shi a kan ilimi, fara tambayar ko jiharku ta ɗauki kasonta na bara da na bana.

Waɗannan hukumomi masu gajerun sunaye, kowace me take yi?

JAMB, wadda aka kafa a 1978, ita ke shirya jarabawar shiga manyan makarantu da sa ido kan ɗaukar ɗalibai. NUC ke tantance jami'o'i da kwasa-kwasansu, NBTE mai hedikwata a Kaduna na kula da kwalejojin kimiyya da fasaha, NCCE kuma kwalejojin horar da malamai. WAEC da NECO jarabawar kammala sakandare, NBAIS ta ɓangaren Larabci da addinin Musulunci. TRCN ke yi wa malamai rajista. Kafin ka biya wa ɗanka kuɗin kowace jami'a ko kwaleji, duba ko hukumar da ta dace ta amince da makarantar da kuma kwas ɗin kansa, domin makaranta kan samu izini amma wani kwas nata bai samu ba. Iyayen da suka tura 'ya'yansu Kwatano sun ga darasi a farkon 2024, lokacin da gwamnati ta dakatar da tantance takardun digiri daga Benin da Togo bayan wani ɗan jarida ya sayo digiri cikin 'yan makonni.

Ɗana ya fi abokinsa maki a JAMB, amma abokin ya samu gurbi shi bai samu ba. Ba maguɗi ba ne?

Zai iya zama maguɗi, amma sau da yawa tsari ne. Jami'o'in tarayya na raba guraben karatu kashi uku: 45 cikin 100 bisa cancanta zalla, 35 ga 'yan jihohin da ke yankin jami'ar, 20 kuma ga jihohin da aka ayyana a matsayin masu ƙarancin ci gaban ilimi. Waɗannan jihohi 23 ne: jihohin Arewa 19, sai Bayelsa da Ribas da Kuros Riba da Ebonyi. Don haka yara biyu masu neman kwas ɗaya na iya kasancewa a layi daban-daban, kowa da waɗanda yake takara da su. Ga kuma makin tantancewar da jami'a ke yi da kanta, da sakamakon sakandare, waɗanda ake haɗawa kafin a fitar da jeri.

Tun 2017 JAMB ta ɓullo da manhajar CAPS, inda dole kowane gurbi ya bi ta cikinta. Ɗalibi na iya shiga ya ga matsayinsa, kuma idan aka tsallake shi aka ɗauki na ƙasa da shi a layi ɗaya, yana da hujjar kai kuka. Gurbin da aka ba ka ta bayan fage ba tare da ya fito a manhajar ba, ranar tafiya bautar ƙasa za ka gane kurenka.

'Yan Kudu na cewa wannan rabon gurbi wariya ce a kansu. Suna da gaskiya?

Suna da hujja, kuma bai kamata mu toshe kunne ba. Sashe na 42 na tsarin mulki ya haramta a hana ɗan ƙasa wani abu, ko a fifita shi, saboda ƙabilarsa ko asalinsa ko jinsinsa ko addininsa. A gefe guda kuma sashe na 14 ya ce a tabbatar kowane yanki na da wakilci a harkokin gwamnati, abin da ya haifar da Hukumar Raba Daidai ta Tarayya a 1996. Waɗannan sassa biyu sun daɗe suna karo da juna.

Inda abin ya fi fitowa fili shi ne makarantun haɗin kan ƙasa, wato sakandaren gwamnatin tarayya, waɗanda aka fara da na Sakkwato da Warri da Okposi a 1966, Janar Gowon kuma ya faɗaɗa su bayan yaƙin basasa don yaran ƙabilu daban-daban su tashi tare. A 2013 an wallafa makin shiga na kowace jiha: yaron Anambra sai ya ci 139, ɗa namiji daga Yobe kuwa maki 2 ya ishe shi. Ka sa kanka a matsayin uwar da 'yarta ta ci 130 aka ce ta faɗi. Lauya Olisa Agbakoba ya kai maganar kotu, Babbar Kotun Tarayya a Legas kuma ta ce bambancin ya saɓa wa tsarin mulki.

To amma giɓin ba daga sama ya faɗo ba. An buɗe makarantar sakandare ta farko a Legas a 1859. Makarantar Ɗan Hausa da ke Nasarawa a Kano sai 1909, Kwalejin Katsina kuma sai farkon shekarun 1920. Turawan mulki sun taƙaita shigar 'yan mishan ƙasashen sarakunan Musulmi, su kuma ba su gina makarantun da za su cike gurbin ba, sai 'yan kaɗan don 'ya'yan sarakai da ma'aikatan En'e. A 1955 Awolowo ya fara firamare kyauta a Yamma, shekara 21 kafin shirin firamare kyauta na tarayya, wato UPE, na 1976 ya game ƙasa. Ƙasar da aka haɗa da irin wannan tazara, idan aka ce maki kaɗai za a bi, to likitoci da alƙalai da manyan sakatarori duk daga ɓangare ɗaya za su fito, kuma ba za a zauna lafiya ba.

Ra'ayina shi ne rabon gurbi sanda ce da aka ba mai karaya ya dogara kafin ƙafa ta warke. Mu kuwa gwamnatocinmu sun riƙe sandar shekara da shekaru sun bar ɗorin. Maki 2 ba gata ba ne, shaida ce a kan abin da aka yi wa firamaren jihar.

To wa ke cin moriyar kason da ake ware wa jihohin Arewa?

Ba ɗan manomin da aka yi tsarin dominsa ba, galibi. Kason jiha ake ba wa, ba talaka ba. Yaron da ya yi makarantar kuɗi mai tsada a Abuja, da malamin gida da kwamfuta, idan takardarsa ta nuna Zamfara ko Jigawa, layi ɗaya yake da yaron da ya yi firamare a ƙarƙashin bishiya, in ma wannan ya kai ga rubuta jarabawar. Wanda zai yi nasara a cikinsu ba sai an faɗa ba. Shi ya sa za ka ga an yi shekaru ana cike kason jiha amma ƙananan hukumomin karkara ba su san an yi ba. Da za a sa nau'in makarantar da yaro ya fito da ƙaramar hukumar da ya yi karatu cikin ma'auni, da tsarin ya fi kusa da manufarsa, kuma da ya fi sauƙin karewa a gaban masu suka.

An haife ni a garin nan, a nan mahaifina ya girma, amma an ce ni ba ɗan jiha ba ne. Ina matsayina?

Wannan ita ce wariyar da ta fi kowace yaɗuwa, kuma gwamnatoci ne da kansu ke yin ta. Jami'o'i da kwalejojin jihohi da dama na cajin wanda ba ɗan asalin jiha ba kuɗi fiye da na ɗan jiha. Tallafin karatu na jiha sai da takardar shaidar asali daga ƙaramar hukuma. Tsarin mulki ya ambaci ɗan asali, alal misali wajen naɗin ministoci, yana kuma danganta mutum da jiha ta hanyar iyayensa ko kakanninsa, amma bai fayyace daga wace shekara ake fara ƙirga asalin ba. Saboda haka ikon ya koma hannun wanda ke sa hannu a takardar.

Hausawan Jos sun san zafin wannan, haka Hausawan Sabo a Ibadan da na Shagamu, waɗanda kakanninsu suka je fataucin goro da shanu tun kafin a haifi Najeriyar yau. Yaro ya tashi bai taɓa ganin Kano ba, a ce ya tafi can ya karɓo takarda, can kuma a ce ba a san gidansu ba. Amma laifi tudu ne. Ɗan Ibo ko Bayaraben da aka haifa a Sabon Garin Kano ko na Zariya, wanda Hausarsa ta fi ta wasunmu, mahaifinsa na biyan haraji a nan shekara arba'in, shi ma haka muke yi masa. Duk wanda ke neman a ba ɗan'uwansa takarda a Filato, ya shirya amsa wannan tambaya a gida. Sashe na 15 ya ɗora wa gwamnati nauyin tabbatar wa kowane ɗan ƙasa cikakken haƙƙin zama a ko'ina, sai dai shi ma yana cikin babin nan da kotu ba ta tilastawa. Wanda aka hana shiga makarantar gwamnati ɗungurungum saboda asali, sashe na 42 ne makaminsa.

Makaranta na da ikon hana 'yata sa hijabi?

Makarantar gwamnati ba ta da shi. An yi doguwar shari'a a kan haka a Legas: babbar kotun jiha ta goyi bayan haramcin a 2014, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta soke shi a 2016, sannan a watan Yunin 2022 Kotun Ƙoli, da rinjayen alƙalai biyar cikin bakwai, ta tabbatar wa ɗalibai mata Musulmi 'yancin sa hijabi a makarantun gwamnatin jihar. A Kwara rikicin ya kai ga rufe makarantu goma a Ilori a 2021, makarantun da mishan suka kafa amma gwamnati ke biyan malamansu. Makarantar da wata ƙungiyar addini ke ɗaukar nauyinta ita kaɗai kuwa tana da faɗin hannu wajen tsara dokokinta, don haka a karanta sharuɗɗa kafin a biya kuɗi.

Sashe na 38 da ya kare hijabi shi ne kuma ya ce ba za a tilasta wa ɗalibi karatun wani addini ko halartar ibadarsa ba in ba nasa ba ne. Wannan kariya ta shafi yaro Musulmi a Inugu, ta kuma shafi yaro Kirista a Gusau. Iyaye Kiristoci a wasu jihohin Arewa sun daɗe suna kukan ba a ɗaukar malaman da za su koyar da addininsu a makarantun gwamnati, kuma kukansu na kan hanya.

Ɗana makaho ne, wata makaranta ta ce ba ta da wurinsa. Haka doka ta ce?

A'a. Shugaba Buhari ya sa hannu kan dokar hana nuna wariya ga masu buƙata ta musamman a watan Janairun 2019. Ta ba su haƙƙin ilimi kyauta har sakandare, ta tanadi tarar naira miliyan ɗaya ga kamfani ko hukuma, da naira 100,000 ko ɗaurin wata shida ga mutum ɗaya da ya nuna musu wariya. Ta kuma ba gine-ginen jama'a wa'adin shekara biyar su gyara hanyoyin shiga, wa'adin da ya cika a farkon 2024. Leƙa makarantar da ke kusa da kai ka ga ko mai keken guragu zai iya shiga aji ko bayan gida. A ɓangaren JAMB an samu ci gaba na gaske, domin tun 2017 akwai shiri na musamman da makafi ke rubuta jarabawa a cibiyoyin da aka tanadar musu. Akwai kuma hukumar tarayya ta masu buƙata ta musamman da aka kafa a 2020, wadda ke karɓar ƙorafi.

Yarinyar da aka yi wa aure ko ta haihu, za ta iya komawa makaranta?

Za ta iya. Dokar kare haƙƙin yara ta 2003 ta ce yarinyar da ta samu ciki kafin ta gama karatu a ba ta damar ci gaba bayan ta haihu, ko da yake kowace jiha sai ta kafa irin tata dokar, kuma jihohin Arewa da dama sun yi gyare-gyare kafin su amince. Akwai makarantun matan aure a garuruwa da yawa, ana kuma iya rubuta WAEC ko NECO daga waje. Abin da ya fi cire 'yan mata daga makaranta ma ba aure ba ne kaɗai: nisa ne, da rashin katanga da bayan gida, da tsoro. Bayan Chibok a 2014, Dapchi a 2018 da Jangebe a 2021, uban da ya ce 'yarsa ba za ta kwana a makaranta ba, ba jahilci ne ya sa shi ba.

Almajirai fa, suna cikin lissafin gwamnati?

A takarda suna ciki. Dokar 2004 ta ambace su cikin waɗanda ilimin bai-ɗaya ya shafa. Gwamnatin Jonathan ta gina makarantun tsangaya na zamani sama da 150, ta farkon a Gagi da ke Sakkwato a 2012, ta miƙa wa jihohi, da yawa kuma suka lalace saboda ba a tanadi abinci da albashi ba. A 2020, lokacin korona, gwamnonin Arewa suka riƙa loda yara a motoci ana mayar da su jihohinsu, ba a daɗe ba suka dawo. A 2023 aka kafa hukumar tarayya ta almajirai da yaran da ba sa zuwa makaranta.

Kuskuren da ake maimaitawa shi ne tsara abin a ofis ba tare da alarammomi ba. Malamin da iyaye suka damƙa wa yara amana, idan bai yarda ba, ginin zai zauna fanko. Akwai kuma wariyar da ba a cika faɗa ba: gardin da ya haddace Alƙur'ani ya rubuta shi da ka, a fom ɗin gwamnati sunansa wanda bai yi karatu ba. Hanyar da za ta ba shi takardar da zai ci gaba da ita, bayan ya koyi lissafi da boko, ta fi kamen bara amfani. Wannan bai wanke uban da ya tura yaro ɗan shekara shida wani gari ba ko kwano ba.

Wa ke duba ko malamin da ke koyar da ɗana ya cancanta?

Mafi ƙarancin takardar koyarwa ita ce NCE ta kwalejin horar da malamai, kuma ya kamata malami ya yi rajista da TRCN. Akwai jami'an duba makarantu a tarayya da jihohi, waɗanda a da ake kira sufeto, hedimasta na jin ƙarar babur ɗinsu cikinsa ya ɗuri ruwa. Yanzu da yawansu ba su da ko kuɗin mai. A 2017 gwamnatin Nasir El-Rufa'i a Kaduna ta yi wa malaman firamare kimanin 33,000 jarabawar 'yan aji huɗu, ta ce 21,780 sun faɗi, ta sallame su duk da yajin aikin ƙungiyar malamai. Har yau ana gardama a kan yadda aka yi abin. Tambayar da ba a cika yi ba ita ce wa ya ɗauke su aikin tun farko. Muddin gurbin koyarwa na cikin abin da ake raba wa 'yan siyasa su saka wa magoya baya, jarabawa ba za ta gyara komai ba.

Makarantun kuɗi kuwa, gwamnati na da ta cewa?

Tana da shi. Ma'aikatar ilimi ta jiha ko hukumar da ta kafa ce ke ba su izini, tana kuma iya rufe su. Nemi ganin takardar izinin, ka kuma tambaya ko makarantar na da lambar cibiya ta WAEC da NECO ko wata makarantar take kai ɗalibanta. Wadda ta yi maka alkawarin yaro zai ci duk darussa tara ko da me, satar amsa take nufi, kuma idan aka kama cibiyar sakamakon ɗanka ne za a riƙe.

Me ya sa manufofin ilimi ke sauyawa duk lokacin da aka sauya minista?

Saboda yawancinsu sanarwa ce ba doka ba. A 2024 Minista Tahir Mamman ya ce sai mai shekara 18 zai shiga jami'a. Kafin shekarar ta ƙare magajinsa Tunji Alausa ya mayar da ita 16. A 2022, zamanin Adamu Adamu, aka amince a koyar da 'yan firamare da harshen uwa, ba a buga isassun littattafai ko horar da malamai ba, sannan a 2025 aka soke manufar aka koma Turanci. Akwai Majalisar Ilimi ta Ƙasa da ke haɗa minista da kwamishinonin jihohi, a nan ya kamata a tace irin waɗannan shawarwari, amma sau da yawa iyaye a rediyo suke fara ji, yara kuma na tsakiyar zango.

Idan an zalunce ni ko an nuna wa ɗana wariya, ina zan dosa?

Fara daga kusa, kuma a rubuce. Kowace makarantar gwamnati ya kamata tana da kwamitin gudanarwa na al'umma, wanda ya haɗa mai unguwa da iyaye da malamai da wakilan mata. Tambayi hedimasta su wa ke ciki. In abin ya fi ƙarfinsu, sai sakataren ilimi na ƙaramar hukuma, sannan SUBEB ko ma'aikatar ilimi. Matsalar gurbin jami'a ta JAMB ce, kuma tana karɓar ƙorafi ta shafinta na intanet. Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a da Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa suna da ofisoshi a jihohi, ba a biyan kuɗi, ba a kuma buƙatar lauya. Idan kana son sanin nawa aka ware wa wani aiki da wa aka ba kwangilar, dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba ka damar tambaya, hukuma kuma ta amsa cikin kwana bakwai.

Rubuta takardar kwafi biyu, ka sa kwanan wata da sunan makaranta da abin da ya faru, a buga maka hatimin karɓa a kan naka kwafin. Ka haɗa da rasit ko hoton sakamako in akwai. Takardar da iyaye ashirin suka sa wa hannu ta fi ta mutum ɗaya saurin fitowa daga durowa.